Gyaran ƙafafun tsohuwar jif da tafiyar yayana ta ƙarshe

Shekarun baya, tun ana bin hanyar Kuta ba tare da an tsaya tambayar lafiyarta ba, yayana ya kwanta ciwon ajali a gidana a nan Minna. Ciwon ya shiga ƙashi. Likitoci sun yi iyakar ƙoƙarinsu, daga bisani babbansu ya ja ni gefe ya ce mu mayar da shi gida, mu riƙa ba shi maganin rage raɗaɗi, mu dage da addu'a. Duk wanda ya daɗe yana zama a gefen marasa lafiya ya san abin da wannan magana take nufi.

Yayana manomin doya ne. Ni aka tura karatu tun ina ƙarami, shi kuwa ya tsaya a gona tare da mahaifinmu a wani ƙauye da ke bayan Gwada, kuma da hannunsa ya haƙa kabarin mahaifin namu. Buri ɗaya ya rage masa a duniya, shi ne a rufe shi kusa da wannan kabari. Abin da ya tsaya tsakaninsa da burin nan kuwa ni ne. Shekaru masu yawa ina karantar da jama'a cewa a gaggauta suturta mamaci a rufe shi a garin da ya cika, kada a ɗora gawa a mota ana ratsa garuruwa da ita cikin zafi. Na san malaman mazhabarmu sun yi rangwame a kan haka bisa wasu sharuɗɗa, amma na ga abin da rana da hanya suke yi wa gawa, saboda haka na tsaya a kan hanawa, har na hana maƙwabta da ɗalibaina ba sau ɗaya ba.

Wata safiya ya kira ni. Malam yake ce mini, alhali shi ya goya ni.

"Malam, na san halinka. In na cika a ɗakin nan, kafin la'asar ka kai ni maƙabartar garin nan cikin baƙi ka rufe."

"Yaya, ƙasa duk ta Allah ce."

"Ta Allah ce, amma ni waccan na sani. Ba gardama zan yi da kai ba, ban yi karatu ba. Kai ni da raina kawai, ni in huta, kai ma ka huta."

Ina da wata tsohuwar jif da na saya a hannu, wadda ta daɗe tana ɗauko mana doya da dawa daga ƙauye. Ita kaɗai ce mafita. Lokacin ƙarshen damina ne, ruwa ya cinye burjin da ke shiga ƙauyenmu, ƙananan motoci ba sa iya binsa, motocin ɗaukar doya kuwa mai lafiya ma da ciwon baya yake sauka daga cikinsu. Muka kwantar da kujerun baya, muka shimfiɗa katifa, aka ɗauko shi a hankali, matarsa ta zauna a gefensa.

Ko garin ba mu fita ba. A ramin farko bayan motar ya faɗa da wani duka mai nauyi, kamar an buga guduma a kan turmi, sannan ta ci gaba da tangaɗi irin na kwalekwale. Yayana ya yi wata ƙara wadda ban taɓa jin irinta daga bakinsa ba. Wannan mutum ne da garma ta taɓa tsaga masa ƙafa, ya ɗaure da tsumma ya ƙarasa kunyarsa. A rami na gaba ya cije leɓensa har ya fashe. Matarsa ta ce, "Malam, juya. Ba zai kai ko'ina a haka ba." Na juya. Da muka sauke shi, rigarsa ta jiƙe kamar an tsamo shi daga rafi.

Gaskiya na daɗe ina jin wannan duka a bayan motar. Idan fasinja ya yi magana, sai in ce ni da ita tsufa ne ke damunmu, kowa da inda yake ƙara. Ashe ita nata yana da magani.

Na kai ta wurin bakanikena a Sabon Gari. Kirista ne daga wajen Kuta, dattijo mai ƙarancin magana, mun daɗe tare. Hausarsa irin ta garin nan ce, mota da mace duk "shi" ne a bakinsa. Na gaya masa abin da ya faru da kuma abin da nake so. Bai ɗauki sifana ba tukuna. Ya je bayan motar ya danna ta da dukan nauyinsa ya saki, ta yi ta sama da ƙasa ita kaɗai kafin ta tsaya.

"Ka gani, Baba Malam? Mota mai lafiya, ka danna shi, ya taso, ya tsaya. Wannan rawa yake yi."

Ya ja ni baya kaɗan ya nuna mini yadda ɓangaren hagu ya zauna ƙasa fiye da na dama. Ya shafa tayar baya da tafin hannu, ya sa ni ma na shafa, na ji ta ci a wasu wurare ta bar wasu, kamar ɓera ya gwaigwiye ta. Sannan ya ɗaga motar da jak ya shiga ƙarƙashi. Ya fito da yatsansa jiƙe da baƙin mai, ya ce shokazoba, wato abin da ke shanye girgizar hanya, duka biyun sun zubar da mansu sun mutu. Sifirin ɗin hagu, wato ƙarfen da ke ɗauke da nauyin motar, ya gaji ya kwanta. Daga nan ya sa wani dogon ƙarfe ya ɓamɓari sandunan da ke riƙe da ƙafafun bayan, na ji dukan nan da na sani ya fito sarai. Ya miƙo hannu ya zuba mini wasu baƙaƙen ɓurɓushi a tafi.

"Wannan bushin ne. Roba ne da yake zama tsakanin ƙarfe da ƙarfe. Ya ƙare. Yanzu ƙarfe yana cin ƙarfe, duk abin da hanya ya buga, bayan yayanka ne yake karɓa."

Shokazoba mun samu a ranar, na hannu irin wanda ake ce wa Baljiyam, a wurin wani mai kayan mota a layin. Bakaniken ya ƙi ɗaukar ko ɗaya sai da ya dasa shi a ƙasa ya danna da ƙirjinsa ya ga yadda yake tasowa. Bushin ma an samu. Sifirin ne babu irin na motar a duk garin, sai an aika Kaduna. Ga kuma wani noti da tsatsa ta haɗe shi da ƙarfen, ya ƙi motsi, sai an kira mai walda ya gasa shi.

Na roƙe shi ya ɗaura shokazoba kawai mu tafi, domin ban san yawan kwanakin da suka rage wa mutumin ba.

"Zan iya," in ji shi. "Rawa zai ragu. Amma dukan yana nan, kuma gefe ɗaya yana ƙasa. Ni ba na canza ƙafa ɗaya in bar ɗaya. Sai dai motarka ne, yayanka ne. Ka tafi yau yana kuka, ko ka jira. Ka zaɓa."

Ban ga ina da ikon zaɓa wa mutum azabarsa ba, don haka na kai maganar gaban mai ita. Ya saurara idonsa a rufe.

"A jira," ya ce. "In Allah Ya rubuta zan ga ƙauye, zan gani. Amma ramin nan ba zan ƙara shiga ba, ko da kai za ka goya ni, ka rama."

Kwanakin jiran nan su ne mafi nauyi da na sani. Ya daina cin abinci, sai cokalin koko da matarsa take lallaɓa shi ya haɗiya. Ni kuma ina kai da komo tsakanin gida da gareji, in zauna a kan benci carbi a hannu ina kallon motar a ɗage babu tayoyin baya. Duk lokacin da waya ta yi ƙara a aljihuna sai na yi istirja'i kafin in duba. Na ga mai walda ya gasa notin har ya yi ja, ana dukansa ana zuba masa mai, kafin ya saki. Na ga yadda ake fitar da mataccen bushin da wuta, a danna sabo da ƙarfi. Ban taɓa zaton zan yi addu'a a kan noti ba, amma na yi.

Da sifirin ya iso aka ɗaura komai, bakaniken bai ƙulle notocin ba sai da ya sauke motar a kan tayoyinta. Ya ce idan aka ƙulle tana rataye, sabuwar robar za ta murɗe ta yage da wuri. Sannan ya yi abin da ban manta ba. Ya sa aka mayar da katifar, ya cire takalmansa, ya hau ya miƙe a daidai inda yayana zai kwanta, ya ɗora kwanon ruwa a kan cikinsa.

"Baba Malam, kai ni wurin ramin da ya yi kuka. Ka shiga yadda ka shiga ranar."

Na tuƙa shi, yana kwance a bayana idonsa a rufe, hannuwansa a miƙe. Muka shiga ramin, motar ta sauka ta taso ta tsaya, babu duka. Ruwan ya ɗan fantsala a rigarsa. Bai gamsu ba, ya sa na tsaya ya rage iskar tayoyin baya, muka sake bi. Sai a lokacin ya tashi zaune ya ce, "Gobe ku tafi da safe. Kada ka yi gudu."

Muka tashi bayan hantsi ya ɗan ɗaga. Ina tuƙi kunnena yana baya. Muka wuce ramin farko, muka bar gari, ban ji ko nishi ba. Da muka shiga Gwada sai na ji muryarsa, siririya.

"Ina muke?"

"Gwada, Yaya."

"Motar nan taka ta koyi ladabi, Malam." Sannan ya ce a sauke masa gilashi, yana son ya ji ƙanshin ƙasa.

Gaba kaɗan muka sauka daga kwalta muka kama burji. Nan ne mafi munin hanyar, ruwa ya yanka ta gida-gida, ga rafuka da ake ratsawa ta cikin duwatsu. Ina tafiya kamar mai ɗauke da ƙwai, a kowane kwari ina jiran ƙarar nan. Ba ta zo ba. A zuciyata ina ta sa wa bakaniken albarka. Na duba madubi, na ga matar yayana ta sunkuya a kansa, leɓunanta suna motsi.

"Hajiya, yaya mai jiki?"

"Kai dai tuƙa, Malam. Dubi hanyarka."

Muka wuce wani ƙauye mai ɗan masallacin ƙasa a bakin hanya, muka wuce gonaki, muka ci gaba da gangarawa da hawa har na hango rufin gidanmu. Mutane suka fito. Na zagaya na buɗe bayan motar ina cewa, "Yaya, ga mu a gida."

Idanunsa a rufe suke. An miƙe masa hannuwa da ƙafafu, an ɗaure masa haɓa da ɗankwalin matarsa, ita kuwa kanta sai mayafi. Jikinsa ya fara sanyi.

Bayan na yi istirja'i na tambaye ta, "Tun yaushe?"

"Tun rafin farko. Na laƙƙana masa kalmar shahada a kunne, ya amsa. Bai wahala ba."

"Me ya hana ki gaya mini?"

Ta dube ni, babu fushi a fuskarta. "Akwai gari da masallaci a gabanmu. Na san ka, Malam. Da ka tsaya."

Sai a lokacin ta yi kuka.

Ni na wanke shi, ni na sallace shi. Ƙasar tana da laushi saboda ruwa, haƙan bai ɗauki lokaci ba. Kafin la'asar yana kwance a gefen mahaifinmu.

Bakaniken ya zo mini ta'aziyya bayan mun koma Minna. Ya zauna a bakin tabarma hularsa a gwiwa, sannan ya tambaya, "Ya yi kuka a hanya?" Na ce masa ko sau ɗaya bai yi ba. Ya gyaɗa kai ya ce ya gode wa Allah.

Na sha tambayar kaina ko da zan tsaya ɗin. Ina so in ce ba zan tsaya ba, domin abin da ya rage na hanya bai kai a yi magana a kansa ba, kuma babu littafin da ya wajabta mini. Amma ban isa in rantse ba. Abin da na tabbata shi ne matar da ta san ni tun ina saurayi ta auna ni, ta ga ya fi mata sauƙi ta zauna da gawar mijinta a cinyarta tana haɗiye kuka a kan burji, da ta faɗa mini gaskiya. Ra'ayina game da gaggauta suturta mamaci yana nan, sai dai yanzu idan aka zo mini da irin wannan tambaya nakan fara da tambayar nisan wurin, da halin hanya, da abin da mamacin ya roƙa, kafin in buɗe baki da hukunci.

Allah Ya jiƙan yayana, Ya jiƙan matarsa, Ya kyauta namu ƙarshen. Ta rayu shekaru bayansa a gidana, muna gaisawa kowace safiya. Ban taɓa tambayarta yadda ta iya riƙe kukan nan ba, ita ma ba ta ƙara tayar da zancen ba har ta koma ga Ubangijinta.