Rufaffen Akushin Iya Dije

Bana shekara ashirin da shida ke nan da muka rasa Iya Dije. Ba ita ta haife ni ba, ba mu kuma haɗa dangi ko ta nesa ba. Katanga ce kawai tsakaninmu a Gaya, gajeriya, wadda in na miƙa wuya sai in hango turminta. Amma da ba don ita ba, ban san a wane gari zan tsufa ba, ban kuma san ko da 'ya'ya nawa zan kai yau ba.

Daga Toranke aka kawo ni Gaya ina amarya, tun kafin yaƙin basasa. Mijina, Malam Idi, tela ne a bakin kasuwa, yana kuma noma gonar da ya gada a hanyar Ajingi. Na tarar da Iya Dije ta riga ta manyanta. Mijinta ya rasu, 'ya'yan da ta haifa duk sun koma tun suna ƙanana. Man gyaɗa da ƙuli-ƙuli take yi, kuma da yake tsohuwa ce, babu gidan da ba ta shiga a unguwar. Ba zan yi mata ƙarya don ta mutu ba: tana da kaifin baki. Ta sha sa ni kuka a kan miyata, ba ta kuma taɓa kirana da sunana ba, sai dai "'yar Toranke".

Sai ga shekarar farin nan, wadda aka canza mana kuɗi zuwa naira. Ruwa ya ɗauke gero yana shirin fitar da kai, abin da muka girbe bai kai mu ko'ina ba. Kafin bazara rumbunmu ya zama wurin kwanan kaji. Ɗinki ya tsaya, don mai neman abin da zai ci ba ya tunanin sabuwar riga. Ga 'ya'ya uku, ƙaramar tana nono, nonon kuma ya fara ƙafewa. Wata safiya Malam Idi ya ce mini ya yanke shawara zai sayar da gonar mu koma birni, har ya sami mai saye, ranar kasuwar Ajingi za su ƙarasa magana. Ban faɗa wa kowa halin da muke ciki ba, don a lokacin mutum ya gwammace ya kwana da yunwa da a ji a gidansa ba a ɗora tukunya ba.

Ana cikin haka Iya ta shigo ɗibar garwashi da rana. Kafin in tare ta, ta buɗe tukunyar da ke kan murhu. Ganyen tafasa ne da ɗan dusa. Ta mayar da murfin, ta ɗebi garwashinta a sakaina ta fita, ko kallona ba ta yi ba. Na zauna ina jiran maganar ta zagaya unguwa.

Abin da ya zagaya daban ne. Washegari ta je ta sami mai unguwa, daga nan ta bi gidajenmu goma sha ɗaya, ɗaya bayan ɗaya. Ta ce daga yau, kowane gida in an yi la'asar ya zuba abin da ya dafa a akushi, ya rufe da faifai ya ɗaure da tsumma. Ita za ta zo ta karɓa da kanta, ta haɗa a ɗakinta ta raba, ta dawo wa kowa da akushinsa kafin magariba. Ta ce sadaka ce ta neman sauƙi wurin Allah, wanda ya hana akushinsa ya raba unguwa da albarka. "Kuma kada wadda ta kuskura ta tambaye ni abin da na gani a ciki," in ji ta.

Ranar farko na wanke akushina, na rufe shi babu komai, na ɗaure. Da ta zo sai na tsaya riƙe da shi. Na ce, "Iya, akushin nan fa..."

"Na tambaye ki? Miƙo."

Ban taɓa ganin yammacin da ya yi tsawon wannan ba. Da ta dawo ta dire mini shi, sai da na sa hannu biyu na ɗauka. Tuwon dawa ne malmala biyu, da ɗan dambu a gefe, da miyar kuka. Na shiga ɗaki na ciyar da yara ina share hawaye da gefen zane.

Yanzu in na ga ana rabon tallafi, an jera mata a rana ana kiran sunayensu da lasifika, kowacce ta karɓi ƙullin shinkafa ta tsaya a ɗauke ta hoto, sai in ce ina ma Iya na nan. Na san ba za ta hana a bayar ba. Amma na tabbata da sai ta tambayi mai wayar ko hoton ma dafawa za a yi.

Kwana biyu kafin ranar kasuwar, ta tare Malam Idi a zaure, ina jin su ta bayan ƙofa. Ta ce, "Idi, na ji za ka sayar da gonar ubanka. Ka bari mu ga damina. In ta ƙi, ni da ƙafata zan raka ka wurin mai sayen." Ranar kasuwa ta zo, na ga bai ɗauko kekensa ba. Sai da rana ta take sannan na yarda ba zai je ba.

Mun yi kusan wata huɗu a haka. Ba wai mun ƙoshi ba ne. Sau ɗaya ake ci a wuni, kuma a cikin kwanakin mun binne wani tsoho da jariri guda a unguwar. An ma sami wadda ta yi mitar ta ba da tuwo an dawo mata da dambu, Iya ta wanke ta tas a gaban kowa. Amma babu gidan da ya tashi. Ruwa ya sauka, aka yi shuka, ya ɗan yi jinkiri har muka fara fid da rai, sannan ya dawo sosai. Ranar da Malam Idi ya shigo da zangarnun gero na farko a hannu, ya ce in gasa wa yara tumu, sai na zauna a kan turmi ina ta hamdala. Da la'asar na cika akushi da tumun har faifai ya ƙi zama. Iya ta ɗaga shi ta jinjina, ta ce, "To, 'yar Toranke, an gama."

Shekaru suka ja, ba wadda ta sake tayar da maganar. Sai a zaman makokinta, rana ta uku, matar tsohon mai unguwa ta fashe da kuka ta ce ita fa akwai abin da ta daɗe tana ɓoyewa: a shekarar farin nan, ta fi mako uku tana miƙa akushinta babu komai. Wata ta ce ita ma haka. Ni ma na ce haka. Kafin a yi azahar mun zama mu biyar, ban da waɗanda suka riga mu gidan gaskiya, kuma kowaccenmu ta ɗauka ita kaɗai ce. Sai a lokacin muka tuna awakinta huɗu da jeren tasoshinta duk a shekarar suka ɓace, da muka tambaye ta ta ce ta gaji da kiwo da goge-goge. Muka yi ta kuka muna dariya, har maza suka aiko daga waje a ji ko lafiya.

Unguwar ta canza. Katangu sun yi tsawo, ƙofofi sun zama na ƙarfe, gidan Iya ma shago ne yanzu. Mutum zai iya kwana uku bai ci ba, na jikin gidansa bai sani ba. Duk da haka ban yanke ƙauna ba, don har yau in an yi haihuwa ko rashi, kwanuka na fitowa daga gidajen da ba a zata ba.

Iya Dije ba ta bar ɗa ba, ba ta bar abin da za a raba ba. Gonar da ta hana a sayar, jikokina ne ke nomanta yanzu, kuma 'yar da ke bayana a lokacin ita ma ta yi jikoki. Hausawa na cewa ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba. Matar nan da duk unguwa ke tsoron bakinta ta san talaucin kowane gida, ta zauna da mu fiye da shekara ashirin bayan haka, ta yi faɗa da kusan kowaccenmu, amma ko a tsakiyar faɗa ba ta taɓa goranta wa kowa ba. Yadda ta rufa mana asiri a duniya, Allah Ya rufa mata nata a gabanSa.