Tafiyata Tirkaniya Don Fito da Yaya Daga La'asar

Da sunan Allah mai juya dare da rana nake farawa. Yaran yanzu ba su ga zamanin da lokaci ya tsattsage ba, can cikin shekarun tamanin, sa'ad da kowace unguwa a Kaduna ta ware da nata lokacin. Mu a Tudun Wada Allah ya yi mana sauƙi, rana tana fitowa tana faɗuwa yadda muka saba. Amma Tirkaniya, inda yayata Hauwa take aure, ta tsaya cik a kan la'asar, kuma a wannan la'asar ɗin aka dawo daga binne mijinta, Malam Garba tela. Takaba wata huɗu ce da kwana goma. To wadda rana ba ta faɗuwa a gidanta, yaushe za ta gama? A lissafinmu wa'adin ya cika har ya wuce, shi ya sa na ɗaura niyyar zuwa in shaida mata ta fita.

Tudun Wada zuwa gada

Na fita bayan sallar asuba, gari bai gama wayewa ba. Na sami bas mai zuwa Makera, direba ya ce duk mai agogo ya cire ya sa a aljihu, don agogo kan haukace idan an zo tsaga, wato iyakar da ta raba lokacin wata unguwa da na wata. A bakin gada akwai shingen 'yan sanda. Ba takardun mota suka tambaya ba, sai suka tambaye mu daga wace rana muka fito. Muka ce Talata. Babbansu ya ce to mu riƙe ta da kyau, can ƙetare ba kowa ne ya san ta ba.

Makera

Nan kuwa hantsi ne kullum. Na sauka na sha koko da ƙosai wurin wata dattijuwa. Ta ce hannunta ya gaji da suya, ga mutane ba su da abin nema sai karin kumallo, har maƙwabciyarta mai tuwo ta tattara tukwanenta ta ƙaura. Na yi walaha a masallacin bakin titi. Ladaninsu, da lokacin kiran salla ba ya zuwa masa, ya ce in ban da hira da baƙi irina masu kawo labari, da ya manta muryarsa.

Kakuri

Daga Makera na taka da ƙafa. Ina tsallake tsaga na ji jiniyar masaƙu tana ta bugawa ba hutu, ma'aikata na shiga wasu na fita a guje. Lokacin Kakuri gudu yake yi. Na tayar da azahar, kafin in yi sallama an kira la'asar.

Na nemi garejin Emeka, bakanike aminin marigayin, wanda gidansa ke jikin na Yaya a Tirkaniya. Da ya gan ni ya goge hannu da tsumma ya rungume ni, har ya shafa mini baƙin mai a riga. Ya ce matarsa ce ke kai wa Yaya abinci, tana ci kuwa, amma ba ta kuka ba ta dariya. Ya ɗauke ni a babur ɗinsa, ya ce in riƙe hulata.

"Malam, ka yi mata magana sannu-sannu," in ji shi. "Mama Hauwa ba injin ba ce da za ka buga ta tashi."

Tirkaniya

Muna shiga unguwar rana ta koma ja-ja, inuwa ta miƙe ta tsaya. A nan ko abu mai zafi ba ya hucewa. Na tarar da Yaya zaune a ƙofar ɗakinta da carbi, gefenta keken ɗinkin Malam Garba, da kofin shayin da ya bari ranar da ciwo ya kayar da shi, har yanzu yana tururi.

Ta dube ni ta ce, "Auta, furfura ta ƙaru." Ni da jikokina, amma a wurinta Auta nake.

Na yi mata gaisuwa, sannan na kawo abin da ya kawo ni. Na ce na ga watannin da idona, na lissafa, takabarta ta cika. Ta saurara har na gama. Sai ta ce watan da na gani a Tudun Wada nawa ne ni kaɗai, ita ba ta ga ko ɗaya ba, kuma ba a yi wa mace takaba a wata unguwa a aiko mata. Na ce to ta zo gidana ta ƙirga a can. Ta ce ni da na yi karatu na fi ta sanin mai takaba ba ta barin gidan mijinta ta kwana wani wuri. Gaskiyarta ce.

Ina zaune cikin wannan tunani sai na ga kajinta sun jeru sun nufi bayan madafa. Na bi su. Ashe tsagar ta ratsa ta cikin gidan. Bayan madafa akwai wani ɗan ɗaki inda marigayin ke ajiye yadi, kuma a can rana tana gangarawa, kaji suna hawa makwancinsu. Na dawo da murna na ce mata ga mafita, ɗakin cikin gidan mijinta yake, kuma dare yana yi a can.

Ba ta ɗaga kai ba. "Na sani, Auta. Ni nake zuba musu dawa." Ta dubi kofin. "In na koma can, ranar da aka kai shi za ta zama jiya."

Na tuna maganar Emeka, ban matsa mata ba. Na zauna kusa da ita kamar yadda nake yi ina yaro, muka ja carbi tare, ban san iya tsawon zaman ba. Can na tambaye ta yaushe rabonta da sallar magariba. Na ce Malam Garba ba ya wasa da ita, kuma yanzu addu'ar da ake yi bayanta yake buƙata.

Sai ta miƙe, ta ce in ɗauko mata tabarma da buta. Kofin kuwa ita ta ɗauka da kanta, da hannu biyu. Muka zagaya bayan madafa. Na yi kiran salla a hankali, na ja mu. Da muka idar ta taɓa kofin ta ji ya yi sanyi, sai kuka ya zo mata, irin wanda ba ta yi ba tun ranar. Matar Emeka ta shigo ta riƙe ta. Da ta lafa, Yaya ta share ido ta ce mini, "Yau ɗaya ke nan. Tashi ka tafi, Auta, iyalinka na jira."

Komawa

Emeka ya kai ni har bakin gada, ya ƙi ko a yi maganar mai. Na iso gida lafiya, har yanzu Talatar ce. Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni, na gode wa Emeka da matarsa, Allah ya saka musu da alheri. Malam Garba kuwa, Allah ya ji ƙansa. Yaya ta ƙirga kwanakinta a ɗakin yadi ɗaya bayan ɗaya, har ta cika su.