Rumbun da Muka Liƙe Saboda Wasan Japan

Shekara tara ke nan da rasuwar ɗana Nasiru, Allah ya jiƙansa. A tsawon shekarun nan mutanen ƙauyenmu, gabas da Ɗanbatta, sun yi ittifaƙi cewa ba za a taɓa buɗe rumbun bayan gidana a kwana lafiya ba.

Nasiru ya dawo daga jami'a da wani wasan Japan a kwamfutarsa, irin wanda ake karantawa kamar littafi, da zane-zane, mai karatu yana zaɓar inda labari zai nufa. Labarin fatalwar wata mata ne. Yana cikin mayar da shi Hausa ciwon ƙoda ya kwantar da shi. Maƙwabta da suka taɓa jin kukan matar daga ɗakinsa suka ce aljana ya kira, ta tafi da shi. Aka shawarce ni in binne na'urar da takardunsa cikin ƙaiƙayi a rumbu, a liƙe bakinsa da laka. Ni da na shekara talatin ina shugabantar makarantar firamare, na kuma karanta takardar likita da idona, sai na yarda.

Bana abokin Nasiru, Malam Sabo, mai sana'ar hatsi a Dawanau, ya zo gaishe ni. Ya ce an sabunta wasan da sabon zane da muryoyi, matasa suna yin sa a waya har cikin motar haya, babu wanda ya yi ko ciwon kai. Na ari wayarsa, na sa tabarau, na yi kwana huɗu a zaure ina bin labarin da Turancina na dā. Ashe tatsuniya ce mai ban tausayi: matar so take kawai a faɗi gaskiyar yadda ta mutu. Da Nasiru yana nan, na san zai yi ƙorafin an cika mata kwalliya.

Na fasa lakar da hannuna, maƙwabta suna leƙe daga nesa. Kwamfutar ta lalace, amma littafin rubutunsa yana nan cikin leda. Mahaifiyar Nasiru ta ce mini, "Karanta mini, Malam. In ji abin da ya sa tuwona yake hucewa a gabansa."

Na karanta mata. Hausar yaron ta fi tawa.

Ina so a rubuta wannan: ranar Alhamis, sha biyu ga watan Rajab na bana, bayan sallar La'asar, na tsaya a ƙofar masallaci na shaida wa jama'a cewa ciwon ƙoda ne ajalin ɗana.