Gawar da Ruwa Ya Ajiye a Gonata

Ina koyarwa a wata makarantar sakandare a cikin Mubi, ina kuma da 'yar gonar masara a Mayo Bani, a bakin rafi. A aji bakina ba ya ciwo. Nakan tambayi ɗalibai abin da ya raba mutum da dabba, su ce magana, su ce hankali, ni kuma in gyara tsayuwa in ce tausayi ne, da kuma binne matattu. Shekaru na yi ina faɗin haka, ina jin daɗin kaina.

Wata Asabar da damina, bayan an kwana biyu ana ruwa, na je gona da hantsi in ga ɓarnar da mayo, wato rafin, ya yi mini. Wari ne ya fara tarbata. Na ɗauka akuya ce ruwa ya ci, sai na hango ƙafa, da wando, da bayan riga. Namiji ne, ya kife a cikin ciyawar bakin gonata, ya kumbura har rigar ta ɗame shi.

Na ji tsoro irin wanda ban taɓa ji ba. Ko salati ban iya kaiwa ƙarshe ba. Da farko gawar ce ta firgita ni. Da hankalina ya ɗan dawo, sai wani tsoron ya danne wancan. A gonata yake. Ni za a fara tambaya: wane ne, yaushe ka gan shi, me ya haɗa ku? Na ga kaina zaune a kan benci a ofishin 'yan sanda, na ga matata tana zarya da kwanon abinci, na ga ɗalibaina suna nuna ni da baki.

Kowa a bakin mayo ya san abin da ake yi, ko da yake ba a faɗa. In ruwa ya ajiye maka irin wannan baƙo, sai ka sa gora ka tura shi, ya gangara ya zama matsalar na ƙasa da kai. Na sha jin labarin, na sha cewa Allah wadai. Ran nan kuwa na waiga hagu da dama, na zare gorar da na tokare rumfar gona da ita, na kafa masa a baya, na rufe ido na tura. Yadda gorar ta nutse a jikinsa, har yau ina jinsa a tafin hannuna. Ya yi gaba kaɗan, ruwa ya juya shi, ya dawo ya maƙale a inda yake.

Na ɗaga gorar zan sake, sai na ji murya a bayana.

"Malam, kai yana yin mene?"

Tsohuwar da ke noman gyaɗa a maƙwabtaka da ni ce, Kirista, daga duwatsun Michika. Hausarta ba ta damu da mace ko namiji ba, kullum ina tsokanarta a kai. Ran nan ban sami bakin tsokana ba.

Na ce, "Mama, so nake in jawo shi."

Ta dubi gorar, ta dube ni. Ba ta ce ƙarya nake ba, kuma na fi so da ta faɗa. Ta ajiye fartanya, ta shiga ruwa har gwiwa, ta kama wuyan rigarsa.

"Kama ƙafa," in ji ta. "Uwan shi yana jiran shi a wani wuri."

Na kama. Muka jawo shi kan tudu, ta kwance zanen da ta yafa ta rufe shi, sannan ta aike ni in kira jauro, mai unguwar wurin.

'Yan sandan da na mutu a kan tsoronsu suka zo, suka yi tambaya biyu ko uku, suka rubuta, suka ce a binne shi tunda gawar ba za ta jira ba. Ko sunana sau ɗaya suka tambaya.

Sai aka tsaya a kan yadda za a binne shi. Liman ya zo, wani dattijon coci ma ya zo. Aka duba goshi ko akwai tabon salla, ruwa ya riga ya ɓata fuskar. Aka duba wuya da aljihu, babu carbi, babu gicciye, babu takarda. Ɓarin goro aka samu, da makulli ɗaya ɗaure da igiya. Makullin nan ya tsaya mini a rai, domin akwai wata ƙofa da ya kulle da niyyar komawa. Daga ƙarshe aka yarda liman ya sallace shi da niyyar in Musulmi ne, dattijon kuma ya yi tasa addu'ar a bakin kabari.

Da aka zo wankan gawa, jikin ba ya cuɗuwa, ruwa kawai za a zuba. Tunda a gonata aka same shi, ni aka miƙa wa buta. Da aka yanke rigar aka juya shi, liman ya dakata. A bayansa akwai rami uku, kowanne faɗin bakin gora. Ya nuna su da yatsa ɗaya bayan ɗaya.

"Sau uku aka tura bawan Allahn nan," in ji shi a hankali. "Mutum uku suka gan shi. Anya mutane ne kuwa?"

Na san nawa, shi ne na ƙasa, kusa da ƙugu. Na ci gaba da zuba ruwa. Tsohuwar tana can gindin bishiya tare da mata, na tabbata ta ji. Jira nake ta ɗago kai, ba ta ɗago ba.

Liman ya dafa kafaɗata da jiƙaƙƙen hannunsa. "Malam, kai ne ka tsayar da shi. Allah ya ba ka mai tsayar da kai ranar taka."

Jama'a suka ce amin. Ni ma na ce amin, a tsorace.