Akwatin Baba da Usur ɗin Yaya

Ni ban taɓa ganin wasan ƙwallo da idona ba, ko sau ɗaya. Da ma ni ba mai fita ba ce. Amma shekara goma sha biyu ni ke wanke rigunan 'yan wasan kwalejin da yayana yake horarwa a nan Jidda, kuma tun yana bakin lungu nake sanin yadda aka tashi. In sun ci, usur ɗinsa na wuya yana bugun maɓallin riga, ƙas-ƙas. In an cinye su, usur na aljihu, sai jan takalmi.

"Auta, zuba shayi."

"Nawa aka zura muku, Yaya?"

"Wane munafukin ya riga ni zuwa?"

"Takalminka."

A Jidda aka haife mu, ni da shi. Iyayenmu da ƙafa suka taso daga ƙasar Katsina, ana noma ana tafiya. Da suka sauke farali sai suka zauna a unguwar Bani Malik, tun ba kowa sai rairayi, wai kafin guzurin komawa ya haɗu. Baba yana da koren akwatin ƙarfe a ƙarƙashin gado, ɗaure da igiya. Duk bayan babbar salla sai ya ce baɗi war haka muna gida.

Ranar da ma'aikata suka shigo unguwa suna rubuta mutane don ba su takardar 'yan ƙasa, ina bayan labule ina ji. Maƙwabta duk sun ba da sunayensu. Baba ya zuba musu gahawa, ya ce, "Mu baƙin Allah ne, ga kayanmu can a ɗaure." Ɗayan ya ce, "Ya Hajji, yaran fa?" Baba ya ce, "Su ma tafiya za su yi." Yaya yana fili yana bin ƙwallo. Bayan shekara huɗu Baba ya rasu, Inna ta bi shi, akwati na nan inda yake.

Yaya ya shiga kwalejin ne a matsayin mai yayyafa wa fili ruwa da zana layi da farar ƙasa, haka aka rubuta a iƙamarsa, wato takardar izinin zama. Da malamin wasanni ya tafi, ɗalibai suka ce shi suke so ya horar da su. Karatunsa bai wuce allo ba, amma in ya dawo sai ya baje ƙwallayen dabino a tabarma, goma sha ɗaya nan, goma sha ɗaya can, yana tura su yana magana shi kaɗai. Ni ke soya masa rabi su yi baƙi don ya bambance. Ya kan ɗaga ɗaya ya ce, "Wannan ke ce, mai tsaron gida, tunda ba kya zuwa ko'ina."

Abu ɗaya yake so a duniya, a rubuta shi mudarrib, mai horarwa, a takarda. Da lokacin naɗawa ya zo, shugaban kwalejin ya kira shi ya ce kujerar tasa ce, ya kawo takardar ɗan ƙasa kawai. Ya yi wata takwas yana zirga-zirga. Aka ce ya kawo shaidar an haife shi a nan. Ungozomar da ta karɓe shi ta daɗe a ƙasa. Dattawan da suka ci naman sunansa ɗaya ya rage, shi ma ya rikice.

Wata Juma'a bayan masallaci ya ce, "Auta, kawo wuƙa." Muka yanke igiyar akwatin, ko Baba ya ajiye wata takarda. Muka tarar da tasbahohi, kwalli, zobban azurfa, kowane ƙulli da sunan wanda za a kai wa tsaraba, mutanen da ba mu taɓa gani ba. A ƙasa akwai farin yadi da aka tsoma a zamzam, na likkafani. Ko guntuwar takarda mai sunanmu babu. Yaya ya daɗe a tsugune, sannan ya ce, "Halas, shi ke nan."

Aka kawo wani mai takardar shaidar horarwa daga waje. Yaya ya koma kan bokitinsa. Sai dai in wasa ya rikice samarin ba sabon suke kallo ba, gefen fili suke waiwaya inda yake tsaye. Sabon ya kai ƙara. Aka ce wa Yaya ya riƙa gama yayyafi da zanen layi tun da hantsi, kafin la'asar ya bar harabar.

Ran nan ban ji shigowarsa ba sam, ni da nake gane shi tun daga lungu. Sai ganinsa na yi a tsakar gida.

"Yaya, yau ba shayi?"

Ya ciro usur ɗin, ya ɗaga murfin akwatin ya jefa. Rigunan ma aka daina kawo mini.

Shekara tara ya ƙara yana zana wa wani layi. Da ya rasu, yadin Baba muka ciro. Tsofaffin ɗalibansa sun cika lungu, ina jin su ta taga suna cewa mudarrib ya tafi. Takardar da aka ba mu ta binnewa na sa aka karanta mini sau biyu. An rubuta: baƙo, mai yayyafa ruwa.