Gaisuwar da Ta Hana Ni Zuwa Kaduna

Matata takan ce ba ta taɓa ganin mutum irina ba, wanda ya san sirrin mutanen da ba su ma san yana duniya ba. Gaskiyarta. Tun da wani ɗan bautar ƙasa da aka turo makarantar da nake koyarwa a Bakura ya koya mini ches, wato darar Turawa mai sarki da sarauniya da dawaki, ban sake zama lafiya ba. Shi ya gama shekararsa ya kama gabansa, ya bar ni da cutar.

Wasan ma bai ishe ni ba, sai da na koma bin labarin gwanayensa na duniya a waya. Na san wanda ba ya zama sai an kawo masa kujerar da ransa yake so. Na san wanda ya tayar da jijiyar wuya don an miƙo wa abokin karawarsa kindirmo ana tsakiyar wasa, wai saƙo ne aka aiko a ɓoye. Akwai waɗanda suka fara tun ba su yi famfara ba, akwai masu ramewa a zaune saboda tunani. Ina ba matata labarin tana tankaɗe, sai ta ce Allah ya ba su lafiya, ita dai daddawa ta ƙare.

Abin da yake cin raina ɗaya ne. Duk waɗannan mutane suna zama gaba da gaba da abokin karawa, agogo a tsakani, su yi musabaha kafin a fara. Ni kuwa ina neman shekara arba'in, ban taɓa ba. Kullum a waya nake yi, da mutanen da ban san fuskarsu ba. Na so in koya wa malaman makarantarmu, suka ce wasan da za a yi awa guda ba a zagi kowa ba ai ba wasa ba ne.

Sai ga wata ƙungiyar masu wasan ta shirya gasa ta waya. Mutum uku na farko za a kai su Kaduna su zauna a tebur na gaske. Abin nema ya samu. Mako biyu ina atisaye, ina cin tuwo ina ganin dawaki cikin miya. Ranar ta faɗo Talata, ana hutun makaranta. Sabis ɗin unguwarmu ba abin yarda ba ne, don haka na hau babur na tafi Mafara, na zauna a rumfar wani abokina mai cajin waya, kasuwa tana ci ta ko'ina.

Dokar ita ce kowa minti biyar gare shi. In lokacinka ya ƙare an cinye ka, ko da kai ke kan gaba. Na yi ta fafatawa har wasan ƙarshe, wanda in na ci shi na shiga cikin ukun nan. Allah ya taimake ni, mutumin ya yi sake na ɗauke masa sarauniya. Saura taku uku ko huɗu in rufe masa sarki, ga minti biyu da 'yan kai a hannuna.

A nan na ji sallama, na kuma gane muryar tun ban ɗago ba. Surukina ne, mahaifin matata, ya kawo raguna kasuwa daga Janbako. Wata bakwai rabonmu da haɗuwa saboda halin da hanya take ciki. Kuma shekara da shekaru ina ɓoye masa maganar ches, har na gargaɗi matata, don ina tsoron ya ɗauka caca ce mijin 'yarsa yake yi. To wa ya isa ya amsa gaisuwar suruki yana latsa waya? Na kife ta a kan benci, na tuɓe takalma, na durƙusa.

Wanda bai san gaisuwar dattawanmu ba ba zai gane ba. Ya tambayi kwana, ya tambayi gajiya, ya tambayi iyali. Ya bi jikokinsa ɗaya bayan ɗaya, har na goye. Ya tambayi makaranta da damina da ciwon ƙafar mahaifiyata. Ni ma dole in mayar, in tambayi mutanen Janbako da bisashe da hanya. Bakina yana cewa lafiya lau, cikina yana ƙirga daƙiƙa. Da muka kai ƙarshe, na ce a raina alhamdu lillahi an gama, hannuna har ya fara rarrafe wajen benci. Sai ya gyara tsayuwa ya ce, to ina gajiya, ya ɗauko ta daga farko, kamar yadda aka saba.

Da na juya wayar, agogona ya mutu. Sarkin mutumin yana nan a lungu inda na matse shi, amma an rubuta shi ya ci. Wallahi sai da na ji hawaye yana neman zubo mini a tsakiyar kasuwa.

Tsohon ya lura. Ya ce, "Malam, lahiya kake zuhwa haka?"

Ba ni da sauran abin ɓoyewa, na faɗa masa komai, har da Kaduna. Ya karɓi wayar ya kawo ta kusa da ido, ya daɗe yana kallon gidajen nan farare da baƙaƙe. Daga nan ya ba ni labarin da ko 'yarsa ba ta sani ba. Wai da ƙuruciya da ƙafa yake zuwa Damaga neman wanda zai kara da shi a dara, ya bar shanu da ƙanensa, har mahaifinsu ya taɓa karya sanda a bayansa a kan haka. Ya ce a wurinsu in mutum yana bisa gurbi, ko maigari ya zo tsayawa yake yi sai an ci.

"Mi ya hana ka ɗaga min hannu? Ai da na jira."

Na raka shi wajen ragunansa, na koma Bakura ban sayo wa matata daddawar ba.

Ƙungiyar nan ba ta sake shirya irin gasar ba, kullum sai na duba. Har yau ban zauna gaban mutum da agogo ba. Amma duk Talatar da hanya ta bar surukina ya shigo Mafara, in ya tarar da ni a rumfar nan da waya a hannu, ba ya ko sallama. Sai ya zagayo bayana ya jingina da sandarsa, ya yi tsit har in gama wasan da ba zai kai ni ko'ina ba, sannan ya ce ina kwana.