Faifan Kabo a Gonar Gwaggo Inno

Kabo mai faci ne, kuma facinsa ba laifi. In tayarka ta sace a bakin titin Kankia shi za a nuna maka, yana zaune a gindin darbejiya da bahon ruwansa baƙi ƙirin da injin iskarsa mai yawan tari. Sai dai in kana son ka ga ɓacin ransa, ka kira shi mai faci. Sunan da yake amsawa da fara'a, wanda kuma samarin gari suka haddace, shi ne Gagarau. Ba a wajen faci ya samo shi ba, a gidan gem ya samo shi, inda samari ke buga ƙwallo a talabijin.

A ƙauyen Ƙofa aka haife shi, gidan manoma. Mahaifinsa ya rasu yana ƙarami, sai ƙanwar mahaifin, Gwaggo Inno, ta riƙe shi. Matar nan ta yi iya yinta ta ga ya kama fartanya, abu ya faskara. Da an kai shi gona kansa zai fara ciwo, da an dawo gida ya warke sarai. Da ta gaji sai ta turo shi Kankia koyon faci. Abin da za a yi kuma, rumfar ubangidansa tana manne da ɗakin wani Ɗanmaliki, wanda ya kawo na'urar gem ta ƙwallo tun lokacin da ganinta ma abin labari ne. Kabo ya leƙa sau ɗaya, bai sake zama mutum ba.

Gaskiya dai a faɗe ta, Kabo ya iya. Yatsun da suka ƙi fartanya sun ga hannun gem sun ce ga uwarsu. Abokin karawarsa ɗaya ne, wani Sodangi ɗan Yashe, kuma tsakaninsu yau a ci wannan ne gobe a ci wancan, ko da yake Kabo ya ɗan fi rinjaye. Iyakar abin da ya faru ke nan. Ana nan wata rana janareta ya turo wuta fiye da ƙima, na'urar ta yi tsaki ta fitar da hayaƙi. Ɗanmaliki ya rufe ɗaki ya koma sayen hatsi, ya tattara faya-fayen a leda ya miƙa wa Kabo. Na'urorin da aka kawo gari daga baya kuwa ba su san tsohon faifai ba, in ka saka musu sai su tofo shi.

Mutuwar na'urar nan ita ce arzikin Kabo. Tun da babu inda za a gwada, labari ya samu fili ya miƙe ƙafa. Wasan da ya ci da ƙyar ya zama ya ci yana shan shayi da hannu ɗaya. Bayan 'yan shekaru aka ji ya taɓa cin wani baƙo daga Kano yana juya wa talabijin baya. Kabo bai cika ƙirƙira da bakinsa ba, wasu ke ƙarawa, shi dai ya yi murmushi ya ce, "Ku bar tone-tone." Sodangi kuwa, wanda yanzu taki yake sayarwa a kasuwar Kusada, bai taɓa musawa ba, domin shi ma ya samu rabonsa: an ce a duk duniya shi kaɗai ya taɓa zura wa Gagarau ƙwallo a raga.

Haka Kabo ya zama alƙalin gidan gem ɗin Abdullatif, wanda yanzu ya fi kowane cika a unguwar. Kullum in ya ɗaure injin iskarsa da yamma sai ya nufi can, a ba shi kujerar roba mai hannu, wadda ba mai zama kanta ko ba ya nan. In gardama ta tashi, wane ya danna tsayawa da gangan, wane ya ja waya, sai a ce a kai wa Kawu Kabo. Abin da ya yanke ya yanku. Amma bai taɓa riƙe hannun sabon gem ba. In an miƙo masa sai ya yamutsa fuska.

"Wanga ai wasan yara ne, na'ura ke buga muku. Ku kawo mini na da, ku ga aiki."

Yana faɗar haka ne da kwanciyar hankalin wanda ya san na da ya mutu an binne. Kada kuma a ɗauka kujerar robar nan ƙaramin abu ce a wajensa. Mutumin da ya wuni yana durƙuso gaban tayoyin mutane, ana miƙo masa kuɗi ba a ko kallon fuskarsa, in yamma ta yi ya shiga wuri a tashi a ba shi kujera, to kujerar nan ita ce duk abin da ya tara a duniya. Kabo yana sonta har cikin ransa.

A daminar bara Abdullatif ya dawo daga Kano da wata sabuwar na'ura mai kama da ƙaramin akwati. Kabo ya shigo, ya zauna, ya kalle ta sheƙeƙe, ya saki maganarsa ta kullum.

Abdullatif ya washe baki. "Kawu, ai saboda kai na zaɓo ta. Wagga tana karɓar na da."

"Mi take karɓa?"

"Tsohon faifai. In dai 'yan gida ɗaya ne da ita, tana gane shi. Irin na Ɗanmaliki ma an ce mini shina cikin waɗanda take buɗewa."

Ɗaki ya kaure da ihu. Kowa ya juyo ya dubi Kabo. Ya yi gyaran murya ya ce ai abin takaici ne, faya-fayen sun daɗe da salwanta. Nan take bakuna suka haɗu suka ce ina, ai suna nan a Ƙofa, duk wanda ya bi ta gonar Gwaggo Inno sai sun kashe masa ido. Gaskiya ne kuwa. Tun shekarar da aka ba shi ledar ya kai wa gwaggonsa, ita kuma ta zura musu zare tana ratayawa a kan sanduna in gero ya fara ƙwaya, walƙiyarsu na korar tsuntsaye. Kafin Kabo ya sake samo wata dabara har an tsayar da rana, an kuma aika wa Sodangi.

Ranar da aka sa, da hantsi, Kabo ya hau babur ya nufi Ƙofa da ƙusa a aljihu. Niyyarsa ya gaida gwaggonsa, ya zaga gona kamar mai duba amfani, ya bi faya-fayen ɗaya bayan ɗaya ya karce. Yana isa ya tarar da wani babur a jingine, ga Sodangi tsugune gaban Gwaggo Inno yana ta jero gaisuwa, hannunsa ɗaya a aljihu. Suka dubi juna, kowa ya dubi aljihun ɗan'uwansa, kowa ya gane abu ɗaya ne ya kawo su.

Gwaggo Inno tana zaune a kan tudu da gwangwani da ɗan sanda, tana tsaron geronta. Ta dube su sama da ƙasa.

"Kai Kabo, yau kanka bai ciwo? Mi ya kawo ku gona, ku biyu, da tsakar rana?"

"Gwaggo, faya-fayen nan muka zo dubawa, kada rana ta lalata miki su."

"Rana ba ta lalata mini komai ba. Da an yanke gero nike kwance su, in goge, in naɗe cikin zane in sa a kwalla. Wanda duk ya taɓa mini ɗaya, ni da shi."

Kabo ya zare hannunsa daga aljihu. Shekara da shekaru ya dogara ga rana da ruwan sama, ashe gwaggonsa na adana masa abin kunyarsa tare da tufafinta na biki. Suna cikin haka sai ga Abdullatif da ayarin samari a kan babura. Suka zube suka gaishe ta, suka roƙi aron faifai ɗaya, mai hoton ƙwallo. Ta yi ta ja, daga baya ta kwance shi da kanta daga kusurwar gabas, inda geron ya fi cika.

"Kafin rana ta yi sanyi ku maido mini. Lokacin ne tsuntsayen jan-baki ke sauka, kuma ta nan suke shigowa."

Bayan azahar gidan gem ya cika har waje. Aka zura faifai, na'ura ta haɗiye, ta ce sai an jawo mata wani abu daga intanet. Abdullatif ya haɗa ta da wayarsa. Kabo bai taɓa yi wa sabis fatan tsiya irin na ranar ba, shi kuwa sabis ɗin da kullum sai an hau tudu ake samunsa, ranar ya zo da gudu kamar an aike shi. Talabijin ya yi baƙi, ya yi haske, sai ga kiɗan buɗewa na da, wanda Kabo bai ji ba tun yana saurayi. Aka miƙa masa hannun gem. Sodangi a gefensa ya karɓi ɗayan.

Aka take wasa. Da farko ya danna ba daidai ba, ƙwallo ta fita waje. Sai kuma wani abu ya faru da shi kansa bai zata ba. Yatsun nan da suka yi kanta da tayoyi suka tuna hanya. Babban yatsa ya san inda zai je tun kafin Kabo ya yi tunani. Ya yanke ɗaya, ya yanke biyu, ya ɗaga ta saman gola, ta faɗa raga. Kabo ya ji ƙirjinsa ya buɗe. Ashe ba duka ƙarya ba ce. Ya manta da kujera, ya manta da Gagarau, ya koma yaron da ke gudowa daga rumfar faci da baƙin mai a hannu. Sodangi ma ya zage, ya rama ɗaya, suna zagin juna suna dariya kamar da. Rabon Kabo da jin daɗi irin wannan har ya manta.

Saboda haka bai ji abin da ake yi a bayansa ba. Samarin da suka ɗaga wayoyi don ɗaukar tarihi sun fara sauke su tun a farkon wasa. Sun saba da 'yan wasa masu gumi da gashin gira, sai ga wasu mutane masu kai kamar an sassaƙa da gizago, suna gudu a sandare, 'yan kallo kuma a manne a bango kamar fenti. Wani ya ce golan bai da wuya. Aka yi dariya. Wani ya tambaya da gaske ko haka gem ɗin yake ko faifan ne ya sha rana. Daga nan aka fara zamewa, wannan ya ce zai sha iska, wancan aka kira shi a waya.

Dab da tashi Kabo ya ci wata ƙwallo daga nesa, irin wadda ko a cikin labaran da ake ba da shi ba a taɓa ƙirƙiro mai kyanta ba. Ya yi tsalle ya miƙe, ya juyo da hannu a sama. Mutanen da suka rage ba su cika benci ɗaya ba, su ma layin sabon gem suke jira.

"Ashe dai wannan ne," in ji ɗaya daga cikinsu, ba da raini ba, shi dai ya faɗi abin da ya gani.

Abdullatif, yaro mai ladabi, ya ce, "Kawu, sannu da ƙoƙari, wallahi ka iya. Bari mu maida na yanzu, mutane na jira."

Ana maida sabon faifai ɗaki ya sake cika. Ba a jima ba gardama ta tashi a kan wani bugun fanareti. Kabo ya gyara zama, ya yi gyaran murya. Samarin suka yi ta musunsu, suka sasanta da kansu, ba wanda ya waiwayo. Da ma kunya ya sha, da ya san abin da zai ce: hannun gem ɗin ne ba irin na da ba, ido ne ya raunana. To ya ci, kowa ya gani, kuma ba abin da ya rage da zai ce a kawo masa. Sodangi ya dafa kafaɗarsa ya fita. Daga waje wani ya leƙo ya ɗaga murya.

"Ina mai facin nan? An ce shina nan ciki."

Kabo ya ce a gaya masa an tashi. Ya karɓi faifan ya sa a aljihu, kusa da ƙusar, ya hau babur.

Ko da ya isa Ƙofa rana ta riga ta yi sanyi. Tun daga nesa ya ji gwangwani na ƙara, ya hango Gwaggo Inno tana ɗingishi tsakanin kunyoyi tana ihu, jan-baki kuwa sun yi dafifi a kusurwar gabas suna cin rabonsu.

"Sai yanzu? Dubi abin da sunka yi mini!"

Kabo ya sauka daga babur. Ya kutsa cikin geron, ya zura zare a ramin faifan, ya ɗaure a kan sandar. Iska ta juya shi, hasken yamma ya faɗa kansa ya watsu. Tsuntsayen suka tashi gaba ɗaya, suka yi sama.

Gwaggo Inno ta tsaya tana haki. "To, wasan naku, ka ci?"

"Na ci, Gwaggo."

"Mi anka ba ka?"

Ya juya yana kallon faifan. Ta dubi fuskarsa, ita da ta raine shi, ba ta sake tambaya ba. Ta nuna faifan da haɓa.

"Su dai waɗanga har yanzu suna tsoronsa. Ungo, riƙe mini, ƙafata ta gaji."

Ta miƙa masa gwangwanin da ɗan sandan. Kabo ya karɓa, ya hau tudun ya zauna. Tsuntsayen suna kewayawa a sama suna neman ta inda za su dawo, ya ɗaga sanda ya fara bugawa.